Gudun Miji da Cutar da Mace a Shari'ar Raba Aure



Maganar wannan lacca a kan dalilai biyu ne waɗanda mace kan tsaya a kansu gaban alƙali ta nemi a raba aurenta, watau miji ya tafi ya bar ta, ko kuwa yana nan amma yana cutar da ita.

A Ingila, inda Nijeriya ta gaji dokar auren rajista, an daɗe ba a yarda da waɗannan dalilai ba. Dokar 1857 ta ba namiji damar rabuwa da matarsa saboda zina kaɗai, ita kuwa mace sai ta haɗa zinar mijin da wani laifi, kamar azabtarwa ko gudu na shekara 2. Sai a 1937 gudun shekara 3 da azabtarwa suka zama hujjoji masu zaman kansu. Ko a sa'an nan ma, ma'aunin da aka ɗauko daga shari'ar Russell ta 1897 ya ce sai cutar ta kai ga barazana ga rai ko lafiya. Daga Afrilun 2022 Ingila ta daina tambayar mai laifi gaba ɗaya. Nijeriya kuwa tana nan a kan dokarta ta 1970, wadda ta karɓi gudun shekara 1, ko halin da ba za a iya zama da mai shi ba, a matsayin shaidar aure ya mutu. Amma wannan doka ba ta taɓa auren Musulunci ba, wanda shi ne auren galibin Hausawa.

A mazhabar Malikiyya, wadda alƙalan ƙasar Hausa su ke hukunci da ita, ƙofar a buɗe ta ke tun ƙarnuka da dama kafin Turawa su waiwayi zancen. Mijin da ya ɓace, ba a san ko yana raye ba, matarsa za ta jira shekara 4 daga ranar da ta kai ƙara, sa'an nan ta yi takaba wata 4 da kwana 10. Wannan fa in ya bar mata abin ci ke nan. In bai bari ba, alƙali zai ɗiba masa ɗan lokaci, ya raba auren saboda rashin ciyarwa. Wanda aka san inda ya ke, kamar ɗan cin rani da ya shantake a kurmi, rubuta masa a ke yi: ya dawo, ko ya ɗauke ta, ko ya sake ta. Sauƙin nan ne ya sa Masar a 1920 da 1929, da Indiya a 1939, suka aro hukuncin Malikiyya, domin mazhabar Hanafiyya da su ke bi ta ƙuntata wa mace a nan.

Cutarwa kuwa, malaman Malikiyya ba su tsaya ga duka ba. Zaginta da zagin iyayenta, da ƙaurace mata da magana, da juya mata baya a shimfiɗa ba dalili, duk cuta ne. Mukhtasar na Halilu bai ma sharɗanta sai shaidu sun ce an maimaita ba. Tuhufa ta Ibn Asim kuma ta karɓi shaidar ji, watau abin da ya bazu a bakin maƙwabta, domin abin da a ke yi a ɗaki ba kasafai ya ke da ganau ba. In an rasa hujja, ƙara kuma ta yi ta dawowa, sai a naɗa masu sulhu biyu, ɗaya daga danginsa, ɗaya daga nata.

To, ina gizo ke saƙar? Wajen aiki da hukuncin ne. Macen da ta sha wuya takan yi yaji, mijin ya ƙi biko, ya kuma ƙi saki, ya ce ita ta fita da ƙafarta. Dokar 1970 tana da amsa a nan: wanda halinsa ya kori ɗan'uwansa daga gida, shi a ke ɗauka ya gudu. Fiƙihu ma bai kira mai gudun cuta mai tawaye ba. Amma maƙwabta ba sa son shiga tsakanin mata da miji, iyaye kuma haƙuri su ke bayarwa. Sai ta gaji, ta zaɓi hul'i, ta mayar da sadaki, wani lokaci har a nemi ɗora mata kuɗin kayan da aka kashe. Ga cuta, ga biya.

Littattafan da ke gaban alƙali ba su yarda da haka ba. Risala da Mukhtasar duka sun nuna cewa macen da ta fanshi kanta, daga baya ta tabbatar cutar da ita a ke yi, sakin ya tabbata, dukiyarta kuma a mayar mata. Saboda haka alƙalin da mace ta zo masa da sadaki a hannu, kafin ya ƙirga kuɗin, ya kamata ya tambaye ta abin da ya fito da ita, ya kuma aika a kira mai unguwa da maƙwabta.