Jawabi A Kan Alhaji Shehu Shagari, Turakin Sakkwato, Da Zamansa A Majalisa

 

Wannan labarin wani mutum ne wanda makarantun En'e suka rena, ya hau har inda babu sauran abin hawa a ƙasar nan, ya kuma sauko har sau biyu ba da nufinsa ba. Hawan nasa kowa ya sani. Yadda ya riƙe kansa bayan saukar, shi ne abin da ya kamata ma'aikaci ya tsaya ya duba.

An haifi Shehu Usman Aliyu Shagari ran 25 ga Fabrairu, 1925, a garin Shagari cikin Lardin Sakkwato. Mahaifinsa shi ne Magajin garin. Da ya yi karatun allo sai aka sa shi elemantare a Yabo, daga nan Midil ta Sakkwato, sa'an nan Kwalejin Kaduna, inda ya gama a 1944. Ya komo Midil ɗin da ta koyar da shi yana koyar da kimiyya, daga baya ya zama shugaban makaranta a Argungu. A zamanin malantarsa ne ya tsara Waƙar Nijeriya, don yara su san ƙasarsu ta hanyar da ba ta da wuyar riƙewa.

A 1954 aka zaɓe shi Majalisar Wakilai ta Ikko a ƙarƙashin Jam'iyyar Mutanen Arewa, yana ɗan shekara 29. Majalisar nan kujera 184 gare ta, rabi, watau 92, na Arewa ne. Zaɓen kuwa a Arewa hawa hawa a ke yinsa: ƙauye ya fid da wakilai, su kuma su taru su fid da na sama da su, har a kai ga mutum guda. Sai a 1959 talaka ya jefa ƙuri'a da hannunsa, a wannan karo ma maza kaɗai, majalisa kuma ta zama kujera 312. Aikin wakili ba sauƙi gare shi ba. Da Turanci a ke muhawara, abokan gardama kuwa akwai lauyoyin Kudu da suka yi karatu a Ingila. Wanda bai karanta takardun kasafi ya fahimta ba, ba shi da bakin da zai roƙa wa mutanensa hanya, ko rijiya, ko ɗakin shan magani.

Firayim Minista Abubakar Tafawa Ɓalewa ya lura da natsuwarsa, ya ɗauke shi sakatarensa na majalisa a 1958. Daga nan ya riƙa riƙon ma'aikatu ɗaya bayan ɗaya. Wadda ta fi shafar ma'aikata ita ce ta sha'anin ma'aikata da fansho, daga 1960 zuwa 1962, gama a lokacin ne Turawa ke ajiye aiki suna komawa gida, tilas a sami 'yan ƙasa da za su gaje su ba tare da aiki ya lalace ba. Bayan wannan ya riƙe harkokin cikin gida har 1965, sa'an nan ayyuka. A 1962 Sarkin Musulmi Abubakar na Uku ya naɗa shi Turakin Sakkwato.

Ran 15 ga Janairu, 1966, soja suka yi juyin mulki, aka kashe Sardauna da Firayim Minista, majalisa ta watse. Minista ya wayi gari ba shi da ofis. To, a nan ne halinsa ya bayyana. Ya koma gida, a 1967 kuma ya karɓi aikin sakataren asusun raya ilmi na Lardin Sakkwato, ana tara kuɗi ana gina makarantu. Bai ce aikin lardi ya yi masa kaɗan ba. Daga baya Janar Gowon ya kira shi a 1970, ya riƙe ma'aikatar kuɗi daga 1971 zuwa 1975, a zamaninsa kuma naira ta maye gurbin fam a 1973.

Sa'ad da za a koma mulkin farar hula, abin da ya so shi ne kujerar Majalisar Dattawa, amma jam'iyyarsa ta tsai da shi takarar shugaban ƙasa, aka rantsar da shi ran 1 ga Oktoba, 1979. Gaskiya ba ta son ɓoyo: mulkin nan bai rasa aibu ba. Farashin mai ya faɗi, talaka ya sha wuya, aka zargi waɗansu mukarrabansa da cin dukiyar jama'a, zaɓen 1983 kuma ya jawo gardama mai zafi. Ran 31 ga Disamba na wannan shekara soja suka tuɓe shi, aka tsare shi har 1986. Kwamitin da ya binciki al'amarinsa bai same shi da laifin taɓa dukiyar jama'a ba. Duk da haka shugaba ba ya kuɓuta daga tambaya a kan abin da na ƙarƙashinsa suka aikata.

Ya yi shekara 35 bayan saukarsa bai sake neman kujera ba, yana zaune cikin mutanensa, ana zuwa neman shawararsa. Ya rasu a Abuja ran 28 ga Disamba, 2018, yana da shekara 93, aka binne shi a Shagari.

Jama'a, En'e kanta an rushe ta a 1976, ƙananan hukumomi suka gaje ta. Ofis ba ya dawwama ga kowa, kome nisan jifa ƙasa zai faɗo. Saboda haka wanda aka ba amanar hatimi, ko littafin haraji, ko takardun shari'a, lalle ya riƙe su riƙon wanda ya san wata rana za a karɓe, a buɗe, a duba, shi kuwa zai koma zama cikin mutanen da ya yi wa aiki.

Allah ya jiƙan Turaki, ya gafarta masa kurakuransa, ya sa a gama lafiya. Wassalamu.