KUƊIN FANSHO BASHI NE, BA SADAKA BA

Bayan godiya ga Allah da salati ga Manzo (S), Malam ya bayyana wa 'yan uwa cewa fansho da giratuti gumin ma'aikaci ne da aka jinkirta, saboda haka bashi ne a wuyan hukuma. Ya tunatar da cewa ya zo a hadisi, Allah da kansa zai yi husuma ranar ƙiyama da wanda ya sa mutum aiki ya hana shi ladansa.

Ya ba da misali da ma'aikatan Nigeria Airways. Kamfanin ya durƙushe a 2003, amma sai a 2018 aka amince a biya su naira biliyan 22, kusan rabin abin da suke bi, alhali da yawansu sun riga mu gidan gaskiya. Ya ce kullum hujjar ita ce babu kuɗi, amma ga Abdulrasheed Maina an ɗaure shi shekara 8 a 2021 kan kuɗin 'yan fansho.

Daga ƙarshe ya yi kira ga matasa da kada su bar iyayensu su kaɗai a layin tantancewa. Su raka su, su adana musu takardu, su tallafa musu. Allah ya isar wa raunana.