Ranar Da Aka Kira Babban Sakatare Gaban Alƙali

Jawabin da akawun jam'iyya ya yi a taron 'yan kasuwa



Ran nan wani dattijo mai sayar da goro ya tare ni, ya ce, "Malam Akawu, in alƙali ya yanke shari'a, ma'aikacin hukuma ya ƙi zartarwa, wa zai kama shi?" Na ce ya dakata sai yau, in ba shi amsa gaban jama'a. Amsar kuwa daga ƙasar Indiya na ɗauko ta.

A kudancin Indiya, cikin jihar Kerala, akwai wani gari a bakin ruwa ana ce da shi Maradu, dab da birnin Kochi. A wancan lokaci dokar ƙasar ta hana gini cikin mita 200 daga bakin ruwa a wuri irin wannan. Duk da haka a 2006 majalisar garin ta ba waɗansu attajirai izini, ba tare da yardar hukumar da ke kula da gaɓar teku ba. A 2007 aka aika musu da takardar tuhuma, suka ruga kotu, aka tsai da maganar, gini kuwa bai tsaya ba. Suka ta da manyan benaye a wuri huɗu, da gidaje fiye da 300 a cikinsu, suka sayar wa mutane, suka soke kuɗinsu a aljihu.

Ran 8 ga Mayu 2019 Kotun Ƙoli ta ƙasar ta ce a rushe su duka cikin wata guda. Wata ya wuce, ba a taɓa ko bulo ɗaya ba. Wata biyu, wata uku, shiru. Masu gidajen suna ta kuka, kukansu kuwa da dalili, don ba su suka sa hannu a takardar izini ba. 'Yan siyasa suka bi bayansu, na gwamnati da na hamayya, ba na ɓoye muku ba. Ma'aikata kuwa suka naɗe hannu.

To, jama'a, ku da kuka san yadda rumfar talaka ke faɗuwa tun kafin tawadar takarda ta bushe, ku auna wannan.

A nan ne maganar raina kotu ta shigo. Mutane da yawa suna tsammani raina kotu shi ne a zagi alƙali ko a yi hayaniya a ɗakin shari'a. Wannan iri ɗaya ne kurum. Na biyu, watau wanda ya shafe mu, shi ne kotu ta ce a yi abu, mutum ya ƙi yi da gangan. Zama shiru ma ƙi ne. Dokar Indiya ta 1971 ta ce hukuncinsa ɗaurin da bai wuce wata shida ba, ko tarar da ba ta wuce rupi 2,000 ba, ko duka biyu. Tarar kam ba ta taka kara ta karya ba. Abin da babban ma'aikaci ke tsoro shi ne a bar sunan ofis a kira nasa.

Haka kuwa aka yi. Cikin Satumba kotu ta ba da wa'adi zuwa ran 20 ga wata, ta ce Babban Sakataren jihar, watau shugaban ma'aikata duka, ya zo da ƙafarsa ran 23. Ya zo, ya tsaya, mai shari'a Arun Mishra ya yi masa faɗa sosai, ya tuna masa da ambaliyar 2018 wadda ta kashe fiye da mutum 400 a Kerala, kotu ta nuna masa laifin a wuyansa zai rataya. Kafin mako ya zagayo an yanke wa benayen ruwa da lantarki. Ran 11 da 12 ga Janairu 2020 aka sa musu nakiya, suka zube.

Ka ji amsarka, Baba mai goro. Abin da ya gagara wata huɗu, kwana uku ya ishe shi fara motsi.

Amma fa kada ku yi tafi tukuna. Ni abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne wanda ya biya. Kotu ta ce a ba kowane mai gida rupi 2,500,000 na somin taɓi. Daga ina? Daga baitulmalin jiha, watau harajin mai kifi da mai kwando, kana daga baya gwamnati ta bi magina da ma'aikatan da ke da hannu ta karɓo. Gaskiya ne an riƙe dukiyar maginan, an kuma kama wani daga cikinsu tare da tsohon sakataren majalisar garin cikin Oktoba 2019. Amma tsakanin sa hannunsa da kamunsa shekara 13, shi kuwa mai gida kwanaki kaɗan aka ba shi ya kwashe kayansa.

Saura tambayoyi. Wanda ke da magana ya miƙe, Shugaba zai ba shi dama.