Daga Kildare zuwa Kankiya: Bukatar Kundin Taswirar Tarihin Garuruwanmu



A ƙarshen watan Janairun 1851 wani Bajamushe, Heinrich Barth, wanda mutanen ƙasar nan suka sani da Abdulkarim, ya bar birnin Katsina ya nufi Kano tare da ayari. Ya shiga Kano ranar 2 ga Fabrairu. Cikin garuruwan da ya ratsa, ya kuma rubuta sunansu a littafin tafiyarsa, akwai Kusada. Matafiyin da ya tashi daga Katsina yau a mota zai isa Kano cikin 'yan sa'o'i, ya wuce Charanci da Kankiya da Yashe da Gidan Mutum Ɗaya, bai ko hango garin Kusada ba. Hanya ta kauce. Yaushe ta kauce, wa ya kautar da ita, me ta ɗauke daga wani gari ta kai wa wani? Wannan takarda ta tsaya ne a kan cewa ba a amsa irin waɗannan tambayoyi da baki kawai. Sai an shimfiɗa taswira kan taswira, ta jiya kan ta shekaranjiya, kuma Kankiya da Kusada sun cancanci a yi musu wannan aiki tun masu ba da labari suna raye.

Misalin da ya fi dacewa a duba yana can nesa, a tsibirin Ayalan da ke yamma da Ingila. A 1981 cibiyar masana ta ƙasar, Royal Irish Academy, ta kafa shirin buga kundin taswirorin tarihin garuruwa. Kundi na farko ya fito a 1986, kuma ba Dablin, babban birnin ƙasar, aka fara da shi ba. An fara da Kildare, ƙaramin gari, wanda masanin taswira J. H. Andrews ya rubuta kundinsa. Sai Carrickfergus, sai Bandon a 1988, sai Kells a 1990. Dablin ta jira har 2002 kafin kashinta na farko ya fito. Shirin reshe ne na wani babban aiki na ƙasashen Turai da aka tsara tun 1955, wanda ya zuwa yanzu ya taswirta garuruwa sama da 500.

Yadda ake haɗa kowane kundi shi ne abin koyo. Akwai babbar taswira da ke nuna garin kamar yadda yake a wajen 1840, a ma'aunin 1:2500, wato santimita ɗaya a takarda daidai yake da mita 25 a ƙasa. A wannan ma'auni ana ganin kowane gida da kowane lungu. Akwai tsofaffin taswirori da aka sake bugawa yadda suke, da taswirar garin a yau, da hoton sama. Akwai maƙala da ke bayyana yadda garin ya tsiro ya yaɗu. Sannan akwai sashen da ya fi kowanne cin rai: jerin kowane titi, kowace majami'a, kasuwa, makaranta, masana'anta da kurkuku, kowanne da shekarar da aka fara jin sunansa, da sauye-sauyen sunan, da inda aka samo labarin. Saboda duk garuruwan ma'auni ɗaya aka bi, mai bincike na iya ajiye Kells kusa da wani gari na Jamus ko Finland ya gwada.

Da aka yi haka sai ƙasa ta fara magana. A Kells, titunan tsakiyar gari a lanƙwashe suke, kuma taswira ta nuna suna bin da'irar shingen tsohuwar zawiyar malaman Kirista da garin ya tsiro a gindinta. Shingen ya ɓace tun ƙarnoni, amma titi ya riƙe sawunsa. Dablin ta samo asali ne daga sansanin maharan teku, 'yan Viking, a 841. Garuruwa irin su Kilkenny sun sami fasalinsu daga Normawa da suka shigo daga Birtaniya tun 1169, su ne suka yanka filaye dogaye masu ƙunci a bakin titi. Bandon da Derry kuwa garuruwan 'yan kama-wuri-zauna ne na ƙarni na 17, an zana su kafin a gina, an kewaye su da ganuwa. Kowane zamani da irin sawun da ya bari.

Wani zai ce ai mutanen Ayalan suna da takardu. Suna da su, gaskiya ne. Tsakanin 1824 da 1846 ma'aikatan safiyo na gwamnatin Birtaniya sun auna tsibirin kakaf a ma'aunin inci 6 ga mil ɗaya. Amma a tuna cewa a 1922, a farkon yaƙin basasarsu, ma'ajiyar takardun tarihi ta ƙasar da ke Dablin ta ƙone, takardun ɗaruruwan shekaru suka zama toka. Da abin da ya saura suka yi aikin, suna haɗa guntu da guntu.

To, me ke hannun Katsinawa? Ya fi yadda ake zato yawa. Barth da kansa ya zana taswirar birnin Katsina da ta Kano, ya jera sunayen unguwanni. Ya ƙiyasta kewayen ganuwar Katsina da mil 13 zuwa 14, amma mutanen da ya tarar a ciki bai ga sun wuce 7,000 zuwa 8,000 ba, akasarin filin gonaki ne da kangaye. Wannan kaɗai darasi ne: gari na iya motsewa cikin ganuwarsa kamar yadda yake iya tsallake ta. Bayan Turawa sun shigo Katsina a 1903, jami'ansu sun bi gunduma-gunduma suna rubuta rahoton kimanta haraji, da sunayen garuruwa, da yawan magidanta, da kasuwanni da sana'o'i, sau da yawa haɗe da zanen hannu. Irin waɗannan fayiloli suna Ma'ajiyar Tarihi ta Ƙasa da ke Kaduna. Akwai taswirorin safiyo na tarayya masu ma'aunin 1:50,000 da aka zana daga hotunan jirgin sama. Akwai hotunan tauraron ɗan'adam da kowane ɗalibi zai iya buɗewa a waya. Marigayi Dakta Yusufu Bala Usman, ɗan Musawa, ya nuna a littafinsa kan sauyin ƙasar Katsina daga 1400 zuwa 1883, wanda aka buga a Zariya a 1981, cewa tarihin ƙasar nan tarihin garuruwa ne da ƙaura da sana'a, bai tsaya ga jerin sarakuna ba. Polly Hill kuma ta zauna a Batagarawa ta rubuta littafi sukutum a kan gari ɗaya, ya fito a 1972.

Kayan suna nan, a warwatse ne kawai, kuma wanda zai tara su ya ɗora su a kan takarda ɗaya shi ake nema.

Akwai kuma wata ma'ajiya da ba ta cikin kowane fayil, ita ce sunaye. Duk wanda ya ji Kafin Soli ko Kafin Dangi, a ƙaramar hukumar Kankiya, ya san an taɓa kafa itace an kewaye wurin don tsaro. Ba abin mamaki ba ne. Bayan jihadi, da Ummarun Dallaje ya zauna a Katsina, tsohon gidan sarauta ya koma arewa ya kafa Maraɗi, kuma hare-hare daga can sun addabi ƙasar Katsina shekaru da dama a ƙarni na 19. Manomin da ke zaune a gonarsa dole ya nemi gari mai kafi ko ganuwa. Da hare-haren suka lafa, jama'a suka sake bazuwa, unguwanni suka tsiro a bakin gonaki. Sunan Gidan Mutum Ɗaya shi ma yana ba da labarin kansa, ga shi yau mahaɗar hanya ce mai cike da masu saye da sayarwa. Haka abin yake a cikin gari. Inda ake ce wa Marina, an taɓa yin rini ko da yau babu karofi ɗaya. Inda ake ce wa Zango, fatake sun taɓa sauke kaya. Kududdufi ma shaida ne, domin daga nan aka haƙi ƙasar gina gidaje da ganuwa, kuma idan aka bi jerin kududdufai a hoton sama, sau da yawa sai su zana iyakar tsohon gari. Tsohon rimi, tsohuwar maƙabarta, rijiyar da aka daina ɗiba, filin idi na da: kowanne alama ce da za a iya dasa wa lamba a taswira.

A nan ma Ayalan tana da abin faɗa. Lokacin safiyon ƙarni na 19, an ɗauki wani masanin harshen ƙasar, John O'Donovan, ya yi ta yawo yana tambayar tsofaffi yadda suke furta sunayen wurare da ma'anarsu. Duk da haka sunayen da aka buga a taswira an lanƙwasa su ne zuwa bakin Turanci. Mutanen yankin nan sun san wannan ciwo. Suna cewa Kankiya, takardar gwamnati tana rubuta Kankia. Kundin da za a yi ya kamata ya rubuta kowane suna yadda masu shi ke faɗa, da ƙugiyarsa, ya ajiye rubutun gwamnati a gefe.

Zamanin baya-bayan nan shi ne ya fi saurin sauya fuskar garuruwan biyu, shi ne kuma ake yi wa kallon bai kai tarihi ba. Lokacin da aka ƙirƙiro Jihar Katsina a watan Satumban 1987, ƙananan hukumomi 7 ne kawai, Kankiya na cikinsu. Zuwa 1996 sun kai 34, kuma Kusada, mazaunin Bebejin Katsina, ta sami tata. Ƙidayar 2006 ta ba ƙaramar hukumar Kankiya mutum sama da 150,000, Kusada kuma kusan 100,000. Zama hedikwata yana jan sakatariya, da gidajen ma'aikata, da asibiti, da makarantu, kuma kowanne fili yake ci. A Kankiya ga babban asibiti, ga makarantar koyon fasahar kiwon lafiya, ga shaguna da gidajen mai da suka yi layi a bakin titin Kano. Gari ya juya fuska ya kalli kwalta. Gonakin da ke bakin gari, waɗanda suka fi kowanne shan taki, su ne aka fara yankawa fuloti. Ɗan shekara ashirin a yau bai san inda garin kakansa ya tsaya ba, kuma ba laifinsa ba ne, ba wanda ya nuna masa.

Marubucin wannan takarda yana ganin amfanin aikin ya wuce sha'awar malaman tarihi. Idan damina ta yi ƙarfi, unguwar da ruwa ke fara shiga galibi ita ce wadda aka gina a kan kududdufin da aka cike ko hanyar ruwan da aka toshe. Rikicin manoma da makiyaya sau da yawa yana komawa ga tambayar inda burtali ya bi a da. Shari'ar fili tana ɗaukar shekaru saboda shaidar da ya san iyaka ya rasu. Taswirar da ta nuna garin a zamani uku ko huɗu za ta taimaki hakimi da alƙali da injiniyan magudanar ruwa, kafin ma ta isa aji.

Dole a yi taka-tsantsan da abu ɗaya. Taswira tana da kwarjini, mutane na ɗaukar duk layin da aka ja a matsayin hukunci. Don haka wajibi ne a bambanta abin da aka auna, da abin da aka karanta a fayil, da abin da dattijo ya faɗa. Inda ruwayoyi biyu suka saɓa kan wanda ya fara saran gari, a rubuta duka biyun da sunan gidan da kowace ta fito. Kundin tarihi ba takardar mallakar fili ba ce, kuma a faɗi haka ƙarara a shafin farko.

Aikin bai fi ƙarfin yankin ba. Jami'ar Umaru Musa 'Yar'aduwa tana Katsina, Jami'ar Tarayya tana Dutsin-Ma, kowace da ɗaliban da ke neman abin da za su rubuta a kai duk shekara. Wayar hannu tana iya ɗaukar murya, ta ɗauki hoto, ta nuna daidai inda mutum yake tsaye. Abin da ake bukata shi ne a amince da ma'auni ɗaya da tsari ɗaya tun farko, yadda abin da aka yi wa Kankiya gobe za a iya gwada shi da na Ingawa ko Musawa jibi, a kuma buga shi da Hausa don masu garin su iya karantawa, su gyara inda aka yi kuskure.

Fayilolin Kaduna za su iya jiran shekara mai zuwa, amma dattawan da suka san inda ƙofofin gari suke da inda tsohuwar kasuwa ta ci suna raguwa. Saboda haka takardar tana roƙon hakiman Kankiya da Kusada su umarci dagatai da masu unguwanni su fitar da sunayen tsofaffin kowace unguwa, maza da mata. Tana roƙon shugabannin ƙananan hukumomin biyu su ɗauki nauyin zirga-zirgar ɗaliban da za su zauna da su, a zaga gari ƙafa da ƙafa a ranin bana, kafin ruwa ya sauka.