Idan Hukuma Ta Yi Kunnen Uwar Shegu Da Umarnin Kotu



Da yawa daga cikin 'ya'yanmu da mota suke neman tuwo, daga tasi zuwa tifa. Sau da yawa hukuma kan riƙe takardun mutum ko ta tsare motarsa, ya kai ƙara ya yi nasara, amma ya koma ofis a ce masa "oga ya fita". Mota na ajiye a rana, bashi na hawa, iyali na jira.

Mu fara da sanin cewa doka tana bayanmu. Sashe na 287 na Tsarin Mulkin 1999 ya wajabta wa kowace hukuma da kowane mutum zartar da hukuncin kotu. Tun a 1986, a shari'ar Ojukwu da gwamnatin Legas, Kotun Ƙoli ta tsawatar wa gwamnati a kan ɗaukar doka a hannunta. A watan Oktoba na 2024 kuwa, Babbar Kotun Tarayya ta hana jami'an VIO na Abuja ƙwace motoci da cin tarar direbobi. Sai dai a lura, jihohi suna da nasu dokokin, kada wani ya ɗauki hukuncin Abuja ya je yana cika baki a tashar garinsu.

To, ina mafita? Lauyanka zai nemi magatakardan kotu ya fitar da Fom 48, wato gargaɗi ga jami'in da ya ƙi bin umarni cewa ɗauri na jiransa. In ya ci gaba da taurin kai, sai Fom 49 ya biyo baya, a kira shi ya faɗi dalilin da zai hana a tura shi gidan yari saboda raina kotu. A nan mutanenmu suka fi tuntuɓe. Sai an ambaci jami'in da sunansa, an kuma damƙa masa takardar hannu da hannu, ko ta hanyar da alƙali ya amince. Wanda ya bar ta wurin masinja ya yi aikin baban giwa. Mu da muka yi shekaru muna cika rajista mun san abin da kuskuren layi guda ke jawowa.

Za su iya ce maka sun ɗaukaka ƙara. Wannan kaɗai ba ya dakatar da hukunci, sai kotu ta ba da umarnin dakatarwa. Ka nemi a nuna maka shi.

Maganar diyya ta fi wuya, domin kafin a taɓa kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati doka ta nemi amincewar Antoni-Janar. Haka kuma sabuwar ƙara a kan jami'i tana da wa'adin wata 3 kacal, don haka jinkiri asara ne.

Wanda ba shi da kuɗin lauya, ya kai kukansa Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a, wadda aka kafa a 1975. Ba ta karɓar ko kwabo. Ya tafi da kwafin hukuncin mai hatimin kotu, da rasit, da lambar motar.