JAWABIN TARON ƘUNGIYA: YAFIYA TUN DA SAURAN NUMFASHI



Yau labarin wani tsohon fim muka kawo, daga zamanin da sinima ba ta magana, sai hoto da kiɗa da ɗan rubutu. Sunansa Sunrise, wato fitowar rana. Wani Bajamushe, F. W. Murnau, ya shirya shi a Amurka a 1927, kuma Janet Gaynor da ta fito a matsayin matar ta samu kyautar Oscar ta farko a 1929.

Wani manomi ne wata 'yar birni ta hure masa kunne: ya nutsar da matarsa a tafki, ya sayar da gona, ya biyo ta. Har ya ɓoye damin ciyawar bakin ruwa a kwalekwale, don ya tsira da shi idan ya kifar da jirgin. A tsakiyar ruwa ya miƙe kanta, ta haɗa hannu tana roƙonsa, sai jikinsa ya yi sanyi, ya kasa. Da suka kai gaci ta gudu birni, ya bi ta. Can suka shiga coci ana ɗaurin aure. Da ya ji alkawarin da ango ke ɗauka, sai ya fashe da kuka ya nemi gafara, ta yafe masa.

To jama'a, a nan darasin yake. A hanyar komawa hadari ya taso. Damin nan da ya tanada don kansa, shi ya ɗaura mata. Jirgi ya kife, ya fita shi kaɗai, aka yi ta nema da fitilu ba a gan ta ba. Baƙin ciki kamar ya kashe shi. Ashe damin ya riƙe ta, aka tsamo ta da rai.

Addininsu daban da namu, amma mu ma mun san tuba ba ta tsaya a baki ba, sai an ga aiki. Mun kuma san yadda Annabi Yusuf, alaihissalam, ya yafe wa 'yan'uwansa.

Nan unguwarmu akwai abokan ciniki da ba sa gaisawa saboda bashi, akwai ma'auratan da kullum ana gaban Sarki. Shi manomi an dawo masa da matarsa. Mu fa, idan aka kai mutum makwanci, wa za mu roƙa? Don Allah kowa ya nemi ɗan'uwansa tun yau.

Allah ya yafe mana baki ɗaya, amin.