Hatsarin Windows Ɗin da Aka Yi wa Kwaskwarima

A Tawa, masu gyaran kwamfuta kan ɗora Windows ɗin da wani ya yi wa kwaskwarima, don ya yi sauri a tsohuwar na'ura. Hatsarinsa biyu ne. Na farko, sau da yawa an cire masa garkuwar tsaro da hanyar sabuntawa. Na biyu, ana iya ɓoye manhajar sata a cikinsa. A 2023, kamfanin Doctor Web ya gano irinta a kwafin Windows 10 na jabu. A yankin Adar, inda Tawa take, kuɗin ƴan cirani daga Abijan na bi ta kwamfutocin shagunan aike, don haka idan irin wannan manhaja ta shiga cikinsu, asarar za ta yi girma. Maganin ɗaya ne: a sauko da Windows daga shafin Microsoft, a bar sabuntawa a kunne.